Kimiyya da Fasaha: Fim ɗin da ya mayar da kanti wurin bauta

 A yau shirin zai leƙa unguwar Al-Sadd ne da ke birnin Doha na ƙasar Katar, domin auna wani gajeren fim mai suna Black Friday da abin da ido ke gani a wannan unguwa.

Ita dai mai fim ɗin, Sophia Al-Maria, an haife ta ne a Amurka a shekarar 1983, mahaifinta ɗan Katar, mahaifiyarta kuma Ba'amurkiya. A shekarar 2012 ita da mawaƙiyar Kuwait Fatima Al Qadiri suka yi fice da ra'ayin cewa duniyar goben da ake nunawa a finafinan ƙagaggun labaran kimiyya ta riga ta sauka a ƙasashen yankin Gulf. A 2016 ne aka nuna fim ɗin nata a gidan adana zane-zane na Whitney da ke birnin New York.

Abin da mai kallo ke gani shi ne manyan kantunan zamani na Doha kusan wayam, an miƙar da hoton ginshiƙai da matakalan lantarki sun yi tsawo fiye da kima, ga wata mata cikin baƙar abaya tana tafe a kan daɓen marmara, ga kuma wani sauti mai razanarwa. A ƙasan allon an zube tsofaffin wayoyin salula a kan yashi suna ta walƙiya. Wato dai an ƙago wata duniya ce wadda kanti ya zama wurin bauta a cikinta, sayayya kuma ta zama al'adar da kowa ke yi wa biyayya. Shi kansa sunan yana da harshen damo, domin Black Friday ranar rangwamen kaya ce a Amurka, alhali a Katar Juma'a ranar salla ce da hutu.

To ina kimiyya ta shigo? Al-Maria ta jingina aikin nata ne a kan Victor Gruen, masanin zanen gine-gine haifaffen Ostiriya, wanda ya tsara kantin Southdale a jihar Minnesota a 1956, rufaffen kanti mai na'urar daidaita zafi da sanyi. Da sunansa ake kiran dabarar nan ta rikita mai saye da haske da sauti da hanyoyi masu kwana-kwana, har ya mance abin da ya kawo shi, ya sayi abin da bai yi niyya ba. A wannan fanni fim ɗin ya ciri tuta, saboda maimakon ya yi wa mai kallo lacca, sai ya sa shi ya ji jirin a jikinsa.

Sai dai kuma akwai inda ya gaza. Da farko bai ba wa zafi haƙƙinsa ba. A watan Yulin 2010 ma'aunin zafi ya haura digiri 50 a Doha, kuma saboda zafin ne aka mayar da gasar cin kofin duniya ta 2022 zuwa watannin Nuwamba da Disamba. Hatta filin wasa na Jassim bin Hamad ma sanyaya shi ake yi da na'ura. Saboda haka magidancin da ya kwashi iyalinsa zuwa kantin Royal Plaza da ke unguwar a tsakiyar watan Agusta, ba lalle ne an yaudare shi ba, inuwa yake nema. Kantin ne dandalinsa, nan ne yara ke guje-guje, nan ake gaisawa da dangi.

Na biyu, fim ɗin ya fi damuwa da gini da mai saye, ya bar waɗanda gumin su ya tsayar da ginin. Mafi yawan mazauna Katar baƙi ne 'yan ci-rani daga Asiya da Afirka, kuma tun 2021 doka ta hana aiki a rana daga ƙarfe 10 na safe zuwa 3 da rabi na yamma, daga farkon Yuni zuwa tsakiyar Satumba. Duk wanda zai zana gobe ya manta da lebura da mai shara, ai rabin gobe ya zana.

Mu ma abin ya shafe mu. Tun da aka buɗe kantin Ado Bayero a Kano a 2014, yawon salla ya sami sabuwar matattara, matasa na zuwa shan sanyi da ɗaukar hoto ko da ba su sayi komai ba. Tambayar ita ce, idan dandalin gari ya koma hannun mai kanti, ina wanda mai gadi ya hana shiga zai zauna? Fim ɗin ya cancanci kallo, amma wannan tambaya bai taɓo ta ba.