Kalmar "Dodo" da Raba Fuska da Labarinta: Sharhi a Kan Nazarin Fuskokin Sassaƙa na Yankin Jalingo da na Al'ummar Yup'ik

1.0 Gabatarwa

Hausawa kan ce gani ya kori ji. A fagen nazarin fuskokin sassaƙa na al'ummomin kwarin Binuwai, wannan karin magana ta tabbata ta wata fuska mai ban takaici, domin kuwa an ga fuskokin an kuma yaba da sassaƙarsu a manyan gidajen tarihi na duniya, amma labarai da waƙoƙi da kirarin da ke tafe da su ba su sami irin wannan kulawa ba. Wannan maƙala sharhi ce a kan ayyuka biyu. Na farko shi ne Central Nigeria Unmasked (2011), wanda Marla Berns da Richard Fardon da Sidney Kasfir suka tace, wanda kuma ya ƙunshi fasahar Mumuye da Jukun da Chamba. Na biyu shi ne The Living Tradition of Yup'ik Masks (1996) na Ann Fienup-Riordan, a kan al'ummar Yup'ik ta kudu maso yammacin Alaska a ƙasar Amurka. Manufar kwatanta su ita ce a nuna cewa fuskar sassaƙa ba ta cika sai da maganar da ke cikinta, kuma harshen Hausa, wanda shi ne harshen cuɗanya a Jalingo, yana da hannu a cikin ɓacewar wannan magana.

2.0 Jalingo da Maƙwabtanta

Garin Jalingo ya kafu ne a shekarar 1893 a zamanin Sarkin Muri Muhammadu Nya, bayan yaƙin da ya yi da Jukunawan Kona a 1892 tare da taimakon wani sojan Faransa mai suna Louis Mizon. Ya zama hedikwatar Jihar Taraba a 1991 lokacin da aka raba tsohuwar Jihar Gongola. Garin yana zaune ne a tsakiyar al'ummomi masu tsohuwar al'adar fitar da fuskokin sassaƙa. Mumuye na Yorro da Zing suna da vabo, wanda ake sassaƙawa da siffar ɓauna ko biri ko wata dabbar daji. Jukunawa suna da jerin fuskokin da sunayensu ke farawa da aku, kamar aku maga da akuma. Chamba kuwa suna da fuska mai ƙaho biyu da dogon baki, wadda masu magana da Daka ke kira nam gbalang, masu magana da Leko kuma suke kira lang gbadna.

Waɗannan al'ummomi harsunansu daban-daban ne, wasunsu ma ba dangi na kusa ba ne. Abin da ya haɗa su a kasuwa da tasha da ofis shi ne Hausa. Saboda haka duk manazarcin da ya sauka Jalingo ba tare da ya iya Mumuye ko Jukun ba, to da Hausa zai yi tambaya, da Hausa kuma za a ba shi amsa. A nan matsalar take farawa.

3.0 Nauyin Kalmar "Dodo"

Bahaushe yana kiran vabo da akuma da nam gbalang da suna guda, wato dodo. Kalmar tana da ma'anoni da dama. Akwai Dodo na tatsuniya, ƙato mai gashi buzu-buzu, mazaunin ruwa ko ƙungurmin daji, mai haɗiye mutane, wanda sau da yawa wayon Gizo ko na ƙaramin yaro ke kayar da shi. Akwai dodo abin tsoratar da yara. Akwai dodo abin bauta, kamar yadda ya fito a cikin maganar nan ta "dodo ɗaya suke yi wa tsafi". Akwai kuma dodo na kirari, wanda ake yi wa sarki ko jarumi don nuna kwarjini.

Idan aka dubi waɗannan ma'anoni za a ga cewa tsoro ne zaren da ya ɗinke su. Babu ko ɗaya daga cikinsu da ke ɗauke da ma'anar dangantaka ta jini. Amma a bayanin da Fardon ya yi a littafinsa na Between God, the Dead and the Wild (1990), fuskar Chamba haɗi ce ta ƙoƙon kan mamaci da ƙahonin ɓauna, tana kuma da alaƙa da dangin uwa na gidan sarauta. Takan fito a lokacin kaciya da naɗin sarauta da jana'izar manya. Wanda ya kira wannan halitta dodo ya riƙe ban tsoronta, ya kuma zubar da kasancewarta kaka ga masu ita. Haka nan kalmar tsafi, wadda ta shiga rubuce-rubucen Turanci a matsayin sunan ɗakin da Mumuye ke ajiye sassaƙe-sassaƙensu, Bahaushiyar kalma ce mai ɗauke da hukuncin baƙo a kan abin da ba nasa ba. Tun zamanin C. K. Meek, wanda ya wallafa A Sudanese Kingdom a kan Jukunawa a 1931, ilimin wannan yanki yana ratsawa ta cikin harsunan da ba na masu al'adar ba kafin ya isa takarda.

4.0 Darasi Daga Yup'ik

Al'ummar Yup'ik suna zaune ne a inda kogunan Yukon da Kuskokwim suke shiga teku, sana'arsu kuwa su da farautar dabbobin ruwa. A lokacin hunturu sukan taru a qasgiq, wato babban zauren maza, inda ake ba da labarai ake kuma yin rawa. Fuskar sassaƙa, wadda suke kira kegginaquq, akan yi ta ne bisa umarnin angalkuq, wato bokansu, gwargwadon abin da aka nuna masa. Kowace fuska tana da waƙarta da labarinta. Idan aka gama bikin sai a ƙona ta ko a kai ta daji a bar ta, domin aikinta ya ƙare.

Wannan ya sa masu tara kayan tarihi, irin su Edward Nelson tsakanin 1877 da 1881 da Johan Adrian Jacobsen a 1882 zuwa 1883, suka kwashi fuskoki da yawa zuwa Washington da Berlin. Masu wa'azin Kirista da suka iso daga 1885 suka hana rawar. A shekarun 1940 kuma wasu masu fasaha da marubuta na Faransa, ciki har da André Breton, suka sayi fuskokin a New York suna sha'awar baƙuwar siffarsu. Ke nan fuskar Yup'ik ta sha irin rabuwa da labarinta da ta Mumuye ta sha, lokacin da aka yi ta fitar da sassaƙe-sassaƙen Mumuye zuwa Turai a ƙarshen shekarun 1960.

Abin da ya bambanta aikin Fienup-Riordan shi ne hanyar da aka bi. An kai wa dattawan Yup'ik hotunan fuskokin da ke gidajen tarihi, aka bar su suka yi magana da harshensu, aka naɗi maganar. Marie Meade, wadda 'yar al'ummar ce, ta rubuta ta kuma fassara. Aka fitar da littafi na biyu mai suna Agayuliyararput a 1996, inda maganar dattawan take da Yup'ik tare da fassararta ta Turanci. An kuma fara buɗe nunin fuskokin ne a ƙauyen Toksook Bay a watan Janairu na 1996, kafin a kai shi Anchorage da sauran manyan birane. Sunan nunin kansa daga bakin mutanen ya fito, ma'anarsa kuwa hanyarsu ta yin addu'a. Da wannan suna kaɗai an gyara fahimtar da aka daɗe a kanta, domin abin da baƙo ya ɗauka abin ban tsoro ne ko abin ado, masu shi sun ce roƙo ne na samun abinci a shekara mai zuwa.

5.0 Inda Central Nigeria Unmasked Ya Kai da Inda Ya Tsaya

Ba za a yi wa wannan littafi adalci ba in ba a faɗi gudummawarsa ba. An gina shi ne a kan binciken Arnold Rubin, wanda ya zagaya kwarin Binuwai daga tsakiyar shekarun 1960 yana ɗaukar hotuna da fim, ya kuma rasu a 1988 bai kammala aikin ba. Littafin ya nuna cewa siffofin fuskoki suna ƙetare iyakar ƙabila, cewa fuskar ɓauna ta Mumuye da ta Chamba da ta Jukun 'yan uwan juna ne ta hanyar maƙwabtaka da ƙaura da ciniki. Wannan ya rushe tsohon zaton nan na cewa kowace ƙabila tana da salonta ita kaɗai.

Sai dai kuma littafin na Turanci ne, muryar da ke jan ragamarsa kuwa ta masani ce mai bayani a kan wasu. Mai karatu zai fita da sanin tsawon ƙaho da launin jan ƙasa, amma manazarcin harshe da ke neman cikakken matanin waƙa ko labari da Mumuye ko Daka, wanda zai iya auna kalmominsa da kansa, ba a nan zai same shi ba. Nunin da ya tafi tare da littafin an buɗe shi ne a Los Angeles a 2011, aka kai shi Washington da Stanford da Paris. Nisan da ke tsakanin Toksook Bay da Los Angeles a wannan kwatanci shi ne nisan da ke tsakanin yin magana da mutane da yin magana a kansu.

6.0 Ɓauna a Labarai Biyu

Misali guda zai nuna girman abin da ake asara. Chamba suna da labarin wata ɓauna da ta tuɓe fatarta a bakin ruwa don ta yi wanka, sai ga ta kyakkyawar mace. Wani mutum ya ɓoye fatar ya aure ta, daga gare ta kuma zuriya ta fito. Hausawa ma suna da tatsuniyar ɓaunar da ta rikiɗa ta zama budurwa ta auri maharbi don ta gano asirinsa ta halaka shi. A wajen Yup'ik kuwa, dabba tana da abin da suke kira yua, wato mutumin da ke cikinta, shi ya sa ake sassaƙa fuskar mutum a cikin jikin tsuntsu ko kifi.

Jigon ya yi kama, amma matsayin labarin a wurin masu shi ya bambanta. Tatsuniyar Bahaushe tana buɗewa da "ga ta nan, ga ta nan ku", ta rufe da "ƙurunƙus", kowa kuma ya san ƙirƙira ce ta hira da tarbiyya, har ma akan kira maganar da ba ta da tushe tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi. Ɓaunarta abokiyar gaba ce. Ɓaunar Chamba kuwa uwa ce, labarinta kuma hujja ce ta asali da gado. Yup'ik su ma sun raba labaransu gida biyu, qulirat na kakannin farko da qanemcit na mutanen da aka sani, ba su kuma ɗauki qulirat a matsayin ƙarya ba. Saboda haka idan tafinta a Jalingo ya ce wa manazarci "wata tatsuniya ce ta dodonsu", da kalmomi biyu ya mai da kaka abin tsoro, ya kuma mai da hujja wasan yara. Rabe-raben da Abdulƙadir Ɗangambo ya yi wa adabin Hausa a 1984, da kalmomi irin su almara da hikaya da tarihihi da manazarta ke amfani da su, an ƙera su ne don adabin Hausa. Kafin a ɗora su a kan adabin Mumuye ko Jukun, wajibi ne a fara tambayar sunayen da su masu adabin suke kiran nau'o'in labaransu da su.

7.0 Iyakar Kwatancin

Ba kowane abu na Alaska ne zai zauna daidai a Taraba ba. Yup'ik harshe ɗaya ne mai karuruwa, Taraba kuwa tana cikin jihohin da suka fi yawan harsuna a Nijeriya. Na biyu, dattawan Yup'ik sun yi magana ne a kan al'adar da aka daɗe da dainawa, alhali a ƙasar Mumuye da ta Jukun al'amarin fuskoki yana tattare da asirin da aka hana mata da yara da baƙi sani. Anne Storch ta nuna a littafinta Secret Manipulations (2011) cewa ɓoye magana a tsakanin Jukunawa wani sashe ne na tsarin harshen da na iko. Manazarcin da ya nace sai ya tono abin da aka rantse a kansa ya ci amana. Amma akwai faffadan fili da ba na asiri ba, wanda ya haɗa da sunayen fuskoki, da waƙoƙin da ake yi a dandali kowa yana ji, da kirari, da labaran asali, da tatsuniyoyin dare. Ayyukan Kiyoshi Shimizu a kan nahawun Jukun da karuruwan Mumuye sun share fagen rubuta waɗannan matanoni.

8.0 Kammalawa

Wannan sharhi ya nuna cewa Central Nigeria Unmasked ya kyautata bayanin siffa, aikin Yup'ik kuwa ya haɗa siffa da magana ta hanyar bai wa masu al'ada damar faɗa da bakinsu. Hausawa sun ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Akwai Jami'ar Jihar Taraba a Jalingo tun 2008, da Jami'ar Tarayya a Wukari tun 2011, a cikinsu kuma akwai ɗalibai 'ya'yan Mumuye da Jukun da Chamba da suka iya harsunan iyayensu. Abin da ya dace shi ne a naɗi labarai da waƙoƙin da harshen asali, a rubuta su da shi, sannan a jera fassarar Hausa a gefe, a bar vabo da akuma da nam gbalang da sunayensu. Fuskar katako tana iya shekara ɗari a cikin akwatin gilashi ba ta canza ba, amma dattijon da ya san waƙarta idan ya rasu ba a naɗa ba, da ita ake binne shi.