Kalmar Sirri a Kan Layin Umarni: Inda Take Tsiyaya

Duk wanda ya buɗe shafin bayanin Paystack domin ya koyi yadda zai haɗa manhajarsa da tsarin karɓar kuɗi, abin da zai fara cin karo da shi shi ne ɗan layi mai farawa da kalmar curl. Daga ita sai adireshi, daga adireshi sai wani sashe da aka rubuta Authorization: Bearer, sannan gurbin da zai sa mabuɗinsa na sirri. Stripe, kamfanin da ya sayi Paystack a 2020, shi ma da irin wannan layi yake koyarwa, sai dai nasa yana amfani da -u, a rubuta mabuɗin a bi shi da ɗigo biyu. Matashi mai koyon rubuta manhaja a Kano ko Zariya zai kwafi layin, ya manna shi a baƙin allon nan da ake ba kwamfuta umarni a rubuce, ya share gurbin ya sa mabuɗinsa, ya danna. Kafin ƙiftawar ido amsa ta dawo. Aiki ya yi kyau, amma daga wannan lokaci mabuɗin ya zauna a wuraren da mai shi bai yi niyyar ajiye shi ba.

Manhajar da ake wannan aiki da ita ta girmi da yawa daga cikin masu amfani da ita a yau. Asalinta wani ƙaramin shiri ne mai suna httpget da Rafael Sagula ɗan Brazil ya rubuta a 1996. Daniel Stenberg ɗan Suwidin ya karɓe shi saboda yana son ya riƙa ɗauko farashin canjin kuɗi daga intanet, ya yi ta ƙara masa abubuwa har ya raɗa masa suna curl a watan Maris na 1998. Yanzu tana zuwa a cikin macOS da akasarin nau'o'in Linux, kuma Windows 10 ma ta fara zuwa da ita tun 2018. Wannan yaɗuwa ce ta sa layin curl ya zama harshen da kamfanoni ke bayyana tsarinsu da shi: ko da wane yaren kwamfuta mutum yake aiki, ana sa ran zai gane shi.

Me ke faruwa idan aka rubuta -u da suna da kalmar sirri? Ƙa'idar HTTP ba ta tuna fuska. Kowace buƙata da ta isa uwar garke baƙuwa ce, ko da mai ita ya aiko wata daƙiƙa ɗaya da ta wuce. Idan abin da ake nema a kulle yake, uwar garke takan mayar da lamba 401, ta faɗi irin shaidar da take karɓa. Mafi tsufa a cikin hanyoyin shaida ita ce wadda ake kira Basic, tana cikin takardar ƙa'idar HTTP ta 1996, aka kuma sabunta bayaninta a 1999 da 2015. A wannan hanya ana haɗa suna da kalmar sirri da ɗigo biyu a tsakani, a juya su zuwa wani salon rubutu mai suna Base64, a liƙa a kan buƙatar. Misalin da marubuta ƙa'idar suka bayar ya shahara: suna Aladdin, kalmar sirri open sesame, wanda ke komawa QWxhZGRpbjpvcGVuIHNlc2FtZQ== bayan juyawa.

Wannan tarin haruffa yana ruɗin sabon shiga, ya ɗauka an ɓoye sirrinsa. Ba a ɓoye komai ba. Kamar a ɗauki wasiƙar da aka rubuta da boko ne a sake rubuta ta da ajami: haruffa sun canza, amma duk wanda ya iya karatun zai karanta ta tsaf. Umarni ɗaya, base64 -d, ya isa ya dawo da suna da kalmar sirri yadda suke. An yi juyawar ne kawai don kada wasu alamomi su lalace a hanya.

Shekaru da dama nan ne babban tsoron yake, wato hanya. Wanda ke zaune a kan waya ɗaya ko Wi-Fi ɗaya da mai aikawa zai iya tsintar kalmar sirri tana wucewa. An gwada maganin abin da hanyar Digest a 1997, inda ake aika wani lissafi da aka yi da kalmar maimakon ita kanta, sai dai ba ta samu karɓuwa sosai ba. Abin da ya rufe wannan ƙofa shi ne HTTPS, wanda ke lulluɓe buƙatar duka, musamman bayan Let's Encrypt ta fara raba takardun shaida kyauta a 2015. Yau idan adireshi ya fara da https, kuma mai aikawa bai saka -k ba, da wuya a sace sirrinsa a hanya. Shi -k ɗin umarni ne ga curl cewa kada ta binciki takardar shaidar uwar garke. Mutane kan saka shi idan kuskure ya dame su a lokacin gwaji, sannan su manta da shi a cikin layin har ya kai ga aiki na gaske, kuma wannan sakaci ne da ba shi da uzuri.

To, an gyara hanya, saura gida. Matsalar yau ta fi yawa a kan kwamfutar mai aikawa, kuma ita ce misalan nan masu layi ɗaya ba sa ambata.

Wuri na farko shi ne tarihin umarni. Bash, wanda ke karɓar umarni a yawancin kwamfutocin Linux, yana adana abin da aka rubuta a wani fayil mai suna .bash_history, a sarari, ba tare da wani lulluɓi ba. Bayan wata uku, wani abokin aiki zai iya zama a gaban allon, ya danna Ctrl da R, ya rubuta curl, sai ga layin ya fito da mabuɗi a jikinsa. Idan aka yi kwafin ajiya na kwamfutar, fayil ɗin ya tafi tare da shi. Idan ɓarawo ya samu shiga, yana cikin wuraren da zai fara leƙawa. A Ubuntu, layin da aka fara da tazara ba ya shiga tarihi, amma wannan ya dogara ne da wani saiti mai suna HISTCONTROL da ba kowace kwamfuta ke da shi ba.

Na biyu ya fi ɓoyuwa. A Linux, sai dai idan an sauya saitin, duk mai asusu a kan kwamfuta yana iya ganin cikakken layin umarnin da wani ke gudanarwa, da umarnin ps kawai. Masu curl sun san da haka, shi ya sa manhajar ke ƙoƙarin share abin da ya biyo bayan -u daga jerin da zarar ta tashi. Amma littafin jagorarta ya fito fili ya ce wannan bai wadatar ba, domin akwai ɗan lokacin da ake iya ganin kalmar kafin a share ta. Abin da aka rubuta a bayan -H kuwa, inda mabuɗan Bearer suka fi zama, yana nan a fili har aikin ya ƙare.

Sai kuma hannun mutum da kansa. Idan buƙata ta ƙi aiki, mai rubutu yakan ƙara -v don ya ga duk abin da ke gudana, sai curl ta zayyano kanun buƙatar, har da layin Authorization. Cikin gaggawa ya ɗauki hoton allon ya tura wa abokai a WhatsApp yana neman taimako. Haka ma zaɓin nan na kwafar buƙata a matsayin layin curl da ke cikin Chrome da Firefox: yana kwaso har da kukis ɗin da ke shaida cewa mutum ya riga ya shiga asusunsa, don haka wanda aka tura wa layin zai iya shiga a matsayinsa ba tare da ya san kalmar sirri ba.

Mafi muni shi ne idan layin ya koma fayil, fayil ɗin kuma ya shiga Git. Git ba ya mantuwa. Ko an share mabuɗin gobe, yana nan a cikin tarihin canje-canje. A 2016 masu kutse sun samu mabuɗan Uber na ma'ajiyar Amazon a cikin rubutun manhajar da injiniyoyin kamfanin suka ajiye a GitHub, suka kwashe bayanan mutum miliyan 57. Kamfanin ya biya su dala 100,000 don su yi shiru, maganar ba ta fito ba sai Nuwamba 2017.

In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Ana yawan ɗora laifin a kan mai koyo, alhali abin da aka nuna masa ya yi. Masu rubuta bayanin manhaja suna zaɓar layi mafi gajarta domin suna son sabon abokin ciniki ya ga nasara a minti biyar, kuma abin da mutum ya koya a rana ta farko da wuya ya bar shi. Abin takaicin shi ne hanyoyin da suka fi tsaro ba su da wani tsawo. Idan aka rubuta -u da suna kaɗai, curl za ta tsaya ta nemi kalmar sirri, a rubuta ba tare da ta bayyana a allo ko ta shiga tarihi ba. Tun fitowar 7.55.0 a 2017 ana iya rubuta -H a bi shi da @ da sunan fayil, sai ta karanto kanun daga can. Akwai -K mai karanta dukkan zaɓuɓɓuka daga fayil. Akwai kuma .netrc, tsohon fayil da aka gada daga manhajar ftp ta Unix, inda ake rubuta sunan uwar garke da suna da kalmar sirri, a kulle shi da chmod 600, a kira shi da -n.

Kowace daga cikinsu tana da iyakarta. Mutane da yawa sun koma ajiye mabuɗi a cikin abin da ake kira env, wato jerin bayanan da kwamfuta ke miƙa wa kowane shiri idan ya tashi. Wannan yana hana shi shiga tarihi, domin sunan da aka raɗa masa kawai ake rubutawa a layin, amma Bash yana sauya sunan da ainihin mabuɗin kafin curl ta tashi, don haka ps zai gan shi. Ga kuma abin da ya samu abokan cinikin Codecov a 2021: masu kutse sun ƙara layi ɗaya na curl a cikin wani shirin kamfanin da abokan cinikin ke saukowa su gudanar, layin kuma yana kwashe env gaba ɗaya ya aika musu. An yi haka daga ƙarshen Janairu, ba a gano ba sai 1 ga Afrilu, lokacin da wani abokin ciniki ya lura lissafin tantance fayil ɗin bai yi daidai ba.

Ita kanta curl ta taɓa yin tuntuɓe. Idan aka saka -L tana bin uwar garken da ta ce a tafi wani adireshi. Kafin Janairu 2018, tana ɗaukar layin Authorization da aka ba ta da -H ta miƙa wa sabon adireshin, ko da na wani ne daban. An toshe wannan a fitowar 7.58.0, kuma yanzu sai an rubuta --location-trusted da gangan kafin ta yi haka. A Disamba 2024 aka sake gyara wani kuskure makamancinsa da ya shafi .netrc, a fitowar 8.11.1. Masu manhajar suna wallafa cikakken bayanin kowane irin wannan kuskure, abin da ya cancanci yabo, amma gyaran ba ya amfanar wanda ke kan tsohuwar fitowa.

Manyan kamfanoni sun ɗauki wata hanyar: tun da sirri zai tsiyaya, a rage ɓarnar da zai yi. GitHub ya daina karɓar kalmar sirrin asusu a buƙatun manhaja a Nuwamba 2020, ya daina karɓarta a ayyukan Git ranar 13 ga Agusta 2021. A madadinta mutum yana ƙirƙirar mabuɗi, ya iyakance abin da zai iya taɓawa da ranar da zai daina aiki. A 2021 ɗin kuma ya sa mabuɗansa suka riƙa farawa da haruffa sanannu irin su ghp_, domin na'urar bincike ta gane su idan sun faɗa cikin rubutun da kowa ke gani. Paystack ma ya raba nasa biyu: masu farawa da sk_test_ na gwaji ne, ba sa taɓa kuɗin gaske, masu sk_live_ su ne na aiki. Mai koyo ba shi da dalilin manna na biyun a baƙin allo. Wanda kuma ya riga ya yi, share tarihi ba zai wadatar ba. Sai ya shiga asusunsa ya soke mabuɗin, ya ƙirƙiri sabo, sannan ya duba jerin hada-hadar da aka yi tun ranar da ya rubuta layin.