Almuru da Zaman Tsakani a Al'adar Birnin Kudu da Gwaram

Almuru shi ne ɗan lokacin da ke tsakanin faɗuwar rana da rufawar duhu. A kudancin Jigawa, kamar sauran ƙasar Hausa, akwai hane-hane da yawa da aka rataya masa, kuma in aka bi su a tsanake za a ga tunani guda ne a ƙarƙashinsu: duk abin da ya bar wani hali bai kai ga na gaba ba, a buɗe yake, cuta na iya shigarsa. Wannan tunani ba shi da littafi ko malamin da ya assasa shi. A bakin tsofaffi yake, kuma ya shafi lokaci da wuri da mutum.

A ƙauyukan Gwaram, da rana ta yi ja, Fulani na koro shanu zuwa ruga, kaji na hawa akurki, uwa kuma na leƙa zaure tana cewa, "Ku shigo gida, almuru ya yi." Ba a barin yaro ya zauna a dokin ƙofa. Ba a watsa ruwan zafi a tsakar gida sai da bisimilla, kada a ƙona 'ya'yan mutanen ɓoye. Ana kauce wa gindin tsamiya da kuka, da juji, da mararraba. Mai ciki in fita ta kama ta, takan riƙe 'yar wuƙa ko wani ƙarfe, don an ce aljani ba ya son ƙarfe. Barcin bayan la'asar ma ana tsawatarwa a kansa, wai yana taɓa hankali.

Jijiyoyin al'adar biyu ne. Ta farko Musulunci: Buhari da Muslim sun ruwaito umarnin a tsare yara a gida lokacin shigar dare saboda shaiɗanu na bazuwa, a kuma rufe ƙofofi da ƙoruka da sunan Allah. A fikihun Malikiyya da ake karantawa a zaure, an hana nafila daidai faɗuwar rana, lokacin magariba kuma gajere ne ƙwarai. A lissafin Musulunci, a nan ne kwana ke canzawa, shi ya sa daren Juma'a yake farawa da yammacin Alhamis. Ta biyu ita ce tsohuwar aƙidar iskoki ta Maguzawa da 'yan bori. Jijiyoyin biyu sun saɓa a kan abubuwa da dama, amma a kan almuru bakinsu ya zo ɗaya, wanda watakila shi ne dalilin da hanin bai gushe ba.

Inda tunanin ya fi fitowa fili shi ne a kan mutane. Amarya, daga ranar kamu zuwa buɗar kai, ta bar 'yan mata amma ba ta zama matar gida ba. Saboda haka ake sa ta a lalle, a lulluɓe ta, a hana ta fita ita kaɗai, ƙawaye su kewaye ta, sannan a yi mata wanka a kai ta ɗakinta, galibi bayan magariba. Birnin Kudu na da shaida ta musamman a nan. A shekarar 1955 masanin kayan tarihi Bernard Fagg ya yi nazarin kogunan duwatsun garin, inda zanen shanu na mutanen dā yake a wurare irin su Dutsen Habude da Dutsen Mesa, tare da wasu duwatsu masu amo kamar kuge in an buga su. Ya rubuta cewa ana alaƙanta waɗannan wurare da bikin aure, amare na ziyartarsu kafin tarewa. Wato an kai mai zaman tsakani wurin da shi ma yake gefen gari, bakin daji.

Sauran misalan galibi da ƙidayar kwanaki suke tafe. Jariri yana kwana bakwai kafin a raɗa masa suna a bainar jama'a, kuma a kwanakin nan ba a barinsa shi kaɗai a ɗaki. Mai jego tana kwana arba'in tana wanka da ruwan zafi da ganye. Yaran da wanzami ya yi wa kaciya da hunturu ana keɓe su har su warke. Mai takaba tana wata huɗu da kwana goma, kamar yadda Alƙur'ani ya ƙayyade, ba ado, ta fita da wanka da sabon kaya. Mamaci kansa yana barzahu, tsakanin duniya da tashin ƙiyama. Arnold van Gennep, a littafinsa na 1909 kan bukukuwan sauyin matsayi, ya kasa irin wannan tafiya gida uku: rabuwa, zaman tsakani, da komawa cikin jama'a. Tsarin ya dace da na Hausa, sai dai Bahaushe ya fi damuwa da tsari daga cuta fiye da ɗaukaka matsayin wanda ya fito.

Ba duk abin da al'adar ta zo da shi ne alheri ba. Shigar da yara gida da wuri yana raba su da maciji da sauro, hutun jego kuma gata ne ga macen da aikin gida ba ya ƙare mata. Amma likitocin asibitin koyarwa na Zariya sun nuna tun shekarun 1970 cewa wankan tafasasshen ruwa, da kwanciya kan gadon ƙasa mai wuta a ƙarƙashi, da yawan shan kunun kanwa, na da hannu a ciwon zuciyar da ke kama masu jego. Malaman Izala, ƙungiyar da aka kafa a Jos a 1978, sun soki sadakar uku da bakwai da arba'in ta mamaci da riƙe wuƙa don korar aljani. A cikin garin Birnin Kudu yanzu an rage zafin ruwan jego, bikin aure ya taƙaita, kaciya ta koma asibiti ga gidaje da yawa. Al'adun da suka tsaya daram su ne masu madogara a nassi: takaba, sunan kwana bakwai, da kiran yara gida da magariba.