Gatarin aradu da maɓallin B: yaushe ya kamata dodo ya rikiɗa?

 Na san akwai wanda zai buɗe wanga shafi ya ce: duk abin da ke damun Kurfai, wasan yara kaɗai ka gani na yin sharhi? Ka yi mini haƙuri ka kai ƙarshe, in ka ga ɓata takarda na yi, ka ba ni amsa cikin fitowa ta gaba.

A bakansin bara na bar ma ƙanena wayata da marece, na tafi fada shan shayi. Cikin wayar akwai Pokémon Rouge Feu, wasan Game Boy Advance na shekarar 2004, wanda da yawanmu munka samu ta Xender tare da ɗan aplikasyon da ke kunna shi. Ina da Pikachu da na wahala kafin in kama shi a dajin Jade, na raine shi har nibo 22. Ko da na dawo, yaron ya shiga babban kanti na Céladopole, ya sayi Pierre Foudre a kuɗin wasa 2100, ya ɗora masa, ya kuma yi sobgardi. Ya tarbe ni da murna: «Yaya, diba, na girmar maka da shi!» Raichu ne ƙato, jajir. Saura nibo huɗu rak Pikachu ya koyi Tonnerre, wadda ƙarfinta 95 ne, alhali Éclair da yake da ita 40 ce. Raichu kuwa, a wanga wasa, ba ya ƙara koyon komai ta hanyar hawan nibo. Ranar ban ci tuwo da daɗi ba.

Faransawa na ce ma abin «évolution», amma kalmarmu ta fi dacewa: rikiɗa. Shi ne abin da tsutsa ke yi ta zama malam-buɗe-littafi. Satoshi Tajiri, wanda ya ƙago wasan da kamfaninsa Game Freak, mai tara ƙwari ne tun yana yaro, kuma tun fitowar farko a Japan a 1996 rikiɗa ce ƙashin bayan wasan. Ka kama ƙaramin dodo, ka yi faɗa da shi, wata rana allo ya yi walƙiya ya zama wani abu daban. Dutsen da ƙanena ya saya ma mun san irinsa: gatarin aradu da tsofaffi ke cewa tsawa ce ke yar da shi.

Da na kai ƙara fada, sai mutane sunka rabu biyu. Wasu sunka ce babba babba ne, da dama ta samu a rikiɗa. Wasu sunka ce a'a, in ka daɗe ba ka bar shi ya rikiɗa ba, ƙarfinsa na taruwa, ya fito ya fi na kowa. Na ɗauki wata uku ina gwadawa, kuma abin da na gano shi ne duka biyun rabin gaskiya suke riƙe da ita.

Mu fara da zancen taruwar ƙarfi, don ƙarya ce tsagwaronta. Lokacin da dodo ya rikiɗa, wasan na sake lissafa ƙarfinsa daga ma'aunin sabon jinsin. Dracaufeu mai nibo 50 ba ya ƙara komai don an jinkirta shi, ba ya rasa komai don an gaggauta shi. Abin da jinkiri ke canzawa guda ne: dabarun faɗa da yake koyo. Ƙarami na koyo da wuri, babba na koyo a makare, wani babban ma ya rufe littafi ke nan. Saboda haka kafin ka tambayi yaushe, ka tambayi mi ya rage masa ya koya yana ƙarami. Da wannan ma'auni dodannin sun kasu uku.

Kashi na farko, waɗanda ba su da abin jira. Magicarpe, kifin nan da wani ɗan kasuwa ke sayar maka a 500 kusa da Mont Sélénite, tsalle kaɗai ya iya har nibo 15. A nibo 20 ya zama Léviator, jimillar ma'auninsa ta tashi daga 200 zuwa 540. Chenipan ma haka: nibo 7 ya shiga kwanso, nibo 10 ya fito Papilusion. Wanda ya tsai da waɗanga, wahala yake so.

Kashi na biyu, masu rikiɗa da hawan nibo, irin dodon da ake ba ka da farko. Nan ciniki ne. Bulbizarre na koyon Lance-Soleil a nibo 46, Florizarre sai 65, lokacin an riga an gama gasar ƙarshe. Amma kafin ka kai 46 za ka yi ta jan ɗan ƙaramin abu, kowa na kayar maka da shi, nibo talatin cur. Ni ban ga riba ba. Jinkirin nibo ɗaya ko biyu don wata dabara da ke bakin ƙofa, wannan na yarda. Akwai dai inda cinikin ke da nauyi: cikin Pokémon Émeraude, Balignon na rikiɗa a 23, amma Spore, dabarar da ke sa abokin gaba barci, sai ya kai 54 yana ƙarami, kuma Chapignon ba ya koyonta. Wanda ya jure wannan, na sara masa.

Kashi na uku, masu dutse, nan ne haƙuri ke biya. Pikachu ya kai 26 ya samu Tonnerre, ya kai 33 ya samu Hâte mai ninka gudu. Caninos sai 49 yake koyon Lance-Flammes. In ka yi kuskure irin na gidanmu, Tonnerre na sayuwa a gidan cacar Céladopole da jeto 4000, wato kuɗin wasa 80.000, ko ka jira har bayan lamba ta bakwai ka kai ma wani mutum na tsibiri naman kaza ya tuna masa da ita. Hâte kuwa ta tafi har abada. Sai dai a kula da Évoli: shi akasin haka ne, abubuwan da yake zama suna da nasu karatun, don haka ana ba ka shi ka sa masa dutse.

Ga abin da na yaba ma wasan. Yawancin wasannin da ke wayoyinmu abu guda suke koyarwa: ƙara girma, ƙara ƙarfi, yanzu-yanzu. Pokémon ya aje maka maɓallin B. Dodo ya fara walƙiya, ka danna, ya tsaya yadda yake. Wasa ne da ya yarda ɗan shekara goma ya ce ma ƙarfi «dakata tukuna». Kuma ku lura da wayon masu shi: rikiɗar da dodo ya kai da guminsa tana tsayuwa da B, wadda aka saya da kuɗi a kanti ba ta tsayuwa. Kawuna da ke kiwo wajen Tukunus, inda tashar shanun Azawak take, bai taɓa riƙe Game Boy ba, amma da na ba shi labari dariya ya yi ya ce: «To mi na sabo nan? Wa ka horon sa bayan ya yi tozo?» Maraƙi ake koya ma jan amalanke, in ya riga ya cika, sai mahauci.

Ga kuma inda nake da ƙorafi. Wasan ba ya gaya maka kome. Lokacin da ƙanena ya zaɓi dutsen, allo bai ce masa zai rasa kaza da kaza ba. An gina shi ne don yaron Japan da ke da mujallar CoroCoro, da littafin jagora, da abokan aji ashirin masu wasa iri ɗaya. Mu nan Filinge, rezo na zuwa yana tafiya, forfe na cin kuɗi, sharjin waya ma wani lokaci sai ka biya mai panno. Abin da ya rage mana shi ne ji-ta-ji-tar fada. Doka ɗaya ce ga kowa, amma sanin dokar ba ɗaya ba ne, kuma wanda bai sani ba shi ke biyan 80.000. Wannan aibi ne na ƙira, ko da sababbin fitowa sun sassauta shi.

Zanen talabijin ma ya ƙara ruɗa mu. Akwai kashin da Raichu na Major Bob ya lallasa Pikachu na Sacha, daga baya Pikachu ya rama da gudu, don an rikiɗar da wancan tun bai koyi sauri ba. Har nan darasin daidai ne. Amma Pikachun Sacha bai rikiɗa ba har ya ci kofin duniya a 2022, kuma dalilin na kasuwa ne: fuskarsa ce tambarin kamfani. Gwada haka cikin wayarka ka gani. Wanda ya ƙi girma sam, shi ma ya faɗi jarrabawar, kamar wanda ya yi gaggawa.

Yanzu in faɗi abin da ya sa na kasa mance wanga zance. Akwai yadda ake rainon Magicarpe: ka sa shi gaba, faɗa na farawa ka janye shi, ka turo babban dodonka ya sha dukan ya gama aikin, a raba ladan biyu. Haka kifin ke hawa ba tare da ya ji ciwo ba. Wata rana ina cikin yin haka sai hannuna ya tsaya. Wayar da nake riƙe da ita, yayana ne ya aiko mini daga Kotonu. Ya bar lakwal a katriyam, shekarar da damina ta ƙi, hatsin rumbu bai kai rani ba. Da ya zo salla ya fi mu duka cika ido, ga tufafi, ga kuɗin kashewa. Amma in takardar faransanci ta zo masa, hoto yake ɗauka ya turo mini in karanta. Kayena da bik da kuɗin rajistar brebe, shi ya biya. Ina zaune aji ina koyon Tonnerre ɗina ne don wani na can yana shan dukan.

Nan ne wasan ya gaza rayuwa. Cikin Pokémon jira kyauta ne: dodo ba ya cin dusa, ba ya rama da rani, ba ya da uwa mai jiran aike. A Kurfai duk wanda ya danna B, akwai mai biya masa. Kuma da yawa ba a miƙa masu maɓallin ba. Ku tuna ƴan matan da munka shiga siziyam tare, ku ƙirga nawa sunka kai turwaziyam. Ba na zargin wanda ya ɗauki dutse don gida na bukata. Abin da ke ba ni haushi shi ne wanda ke da damar jira, saura masa nibo huɗu, ya watsar don ya ga sa'ansa ya dawo da sabuwar waya, ba wanda ya zaunar da shi ya lissafa masa abin da ba zai ƙara koyo ba.

Raichun nan ban yar da shi ba. Na tara kuɗin, na saya masa Tonnerre, mun ci gasar tare, amma har yau sai an riga shi kai hari in ya gamu da mai saurin gaske. Ƙanena kuwa yanzu kafin ya taɓa kowane dutse sai ya zo ya tambaye ni. Bana zai shiga sinkiyam. Allah shi ba mu sa'ar jarrabawa baki ɗaya, shi kuma saka ma waɗanda ke ɗauke da mu.