Zaman Shiru a Star Wars: Inda Ya Yi Armashi da Inda Ya Koma Cajin Waya

Duk wanda ya kalli finafinan Star Wars ya san takobin haske da jiragen yaƙi masu keta sararin samaniya. Mu kuwa abin da ya fi tsaya mana a rai shi ne wuraren da babu harbi babu gudu, inda jarumi ke zama ya rufe ido. A duniyar da George Lucas ya ƙirƙira tun 1977 akwai wani ƙarfi da ake kira Force, wanda labarin ya ce daga masu rai yake fitowa, kuma shi ke ɗaure taurari da halittu wuri guda. Mayaƙan Jedi aikinsu shi ne horar da zuciya ta natsu har ta ji motsin wannan ƙarfi. Ƙirƙira ce ta mai labari, ko da yake Lucas ya ɗebo launinta daga koyarwar Buddha da finafinan samurai na Japan. Tambayarmu ta adabi ce: yaushe wannan zaman shiru yake yi wa labari aiki, yaushe kuma yake zama ado kawai?

Amsar mafi kyau tana cikin The Empire Strikes Back na 1980, wanda Irvin Kershner ya ba da umarni. Luke Skywalker ya je duniyar Dagobah, wuri mai taɓo da hazo, neman babban malami. Sai ya tarar da Yoda, ɗan ƙaramin tsoho mai tsokana, har ya raina shi kafin ya gane ko wane ne. Horon da ya biyo baya bai ƙara wa Luke kwarjini ba, asirinsa ya tona. Jirginsa ya nutse a taɓo, ya gwada ɗaga shi da zuci ya kasa, saboda tun kafin ya fara ya riga ya yanke cewa ba zai yiwu ba. Aka ce ya shiga kogo ba tare da makami ba, ya ƙi ji. A ciki ya sare kan siffar Darth Vader, kwalkwalin ya fashe, sai ga fuskarsa shi kansa.

Wurin da ya fi ciwo shi ne ranar da natsuwar ta yi nasara. Luke na tsaye a kan hannuwansa, akwatuna na shawagi a gefensa, sai ya hango abokansa Han da Leia cikin azaba. Wannan gani ne ya raba shi da malaminsa. Ya bar karatu bai kammala ba, ya faɗa tarkon Vader, ya rasa hannunsa na dama. Natsuwa ta ba shi sani, sanin ya ɗora masa zaɓi, zaɓin kuma ya ci masa hannu. Shi ya sa mai kallo ke yarda da abin, ko da ya san tatsuniya ce.

A 1999, cikin The Phantom Menace, Lucas da kansa ya rage wa abin daraja. Ya kawo wasu ƙwayoyin halitta a cikin jini, midi-chlorian, ya ce yawansu ke nuna kusancin mutum da Force. Aka ɗebi jinin yaro Anakin aka auna, aka samu sama da 20,000, fiye da na Yoda. Wani zai ce labarin na buƙatar hujjar da za ta nuna yaron na daban ne. Gaskiya ne, amma hujjar ta yi tsada. Idan na'ura za ta faɗi matsayinka tun kana yaro, to wahalar Dagobah ta mece ce? Abin da ake samu da gumi da haƙuri ya koma gado.

Abin mamaki, a cikin wannan fim ɗin ne aka yi ɗaya daga cikin fitowa mafi kyau. Ana tsakiyar faɗa sai katangar haske ta raba Qui-Gon Jinn da Darth Maul. Maul ya shiga kai da komo kamar kura a keji, Qui-Gon kuwa ya durƙusa ya rufe ido. Babu wanda ya ce uffan, amma mun gane bambancin mutanen biyu. Da katangar ta buɗe, Qui-Gon ne aka kashe. Natsuwarsa ba ta hana shi mutuwa ba, ta dai nuna mana irin mutumin da zai mutu.

Rian Johnson ya fahimci wannan a The Last Jedi na 2017. Da Rey ta rufe ido ta ji rai da mutuwa, ɗumi da sanyi, sai kuma ta nufi ramin duhu da ke ƙarƙashin tsibirin ba tare da ta ja baya ba, har Luke ya tsorata. A ƙarshe Luke ya zauna a kan dutse ya aika siffarsa wata duniya mai nisa don ya ba abokansa damar tsira, kuma wannan zaman ne ya cinye ransa. Amma a The Rise of Skywalker na 2019 mun ga Rey na shawagi a iska duwatsu na zagaye ta, hoto mai kyau, sai dai bai gaya mana komai a kanta ba. Nan ne zaman ya yi kama da sa waya a caji: a jona, a jira, a cire a tafi faɗa.

Mun kawo wannan ne saboda marubutanmu da ke gina labaran mayaƙa da aljanu da tsafi. Sau da yawa jarumi kan shiga kogo ya yi kwana arba'in, a layi na gaba ya fito ya gagari duniya. Ba a gaya mana abin da ya gani a cikin duhun ba, ko abin da ya baro a can. Kafin marubuci ya zaunar da jaruminsa ya rufe masa ido, ya kamata ya san abu biyu: me zai gani game da kansa wanda ba ya son gani, kuma me zai biya idan ya tashi? In babu amsa, gara a bar shi a kan dokinsa.