Samanja da Hausar Bariki: Tsokaci a Kan Wasan Usman Baba Pategi

Wata rana a aji muna nazarin wasan kwaikwayo, sai wani ɗalibi ya ce shi a ganinsa bai kamata a kawo Samanja cikin darasin adabin Hausa ba, domin kuwa mutumin ɓata Hausa ya yi. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami ke nan, don na lura ra'ayin ba nasa ba ne shi kaɗai, har cikin malamai akwai masu shi.

Alhaji Usman Baba Pategi, wanda aka haifa a 1942 a gidan sarautar Pategi ta ƙasar Nufe, ya rasu a Kaduna cikin Nuwamba 2023. Ya yi aikin soja, ya kuma yi aiki a gidan rediyon Kaduna, inda wasansa ya yi tashe a rediyo da talabijin. Sunan Samanja kuwa, kamar kofur da saje, aro ne daga muƙaman sojan Ingila. Shi irin ɗan wasan nan ne da ake iya kira ɗan wasan hali, wato wanda ba kyawun fuska ko jarumtar soyayya ke ɗaukaka shi ba, sai iya shiga rigar wani nau'in mutum har jama'a su manta da mai rigar. Ƙasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, da Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, duk wannan layi suka bi, amma babu wanda hali guda ya haɗiye shi ɗungurungum kamar Pategi. Mutane da yawa sai ranar rasuwarsa suka ji sunansa na yanka.

To, mu koma kan maganar ɓata Hausa. Hausar da Samanja ke yi ba shi ya ƙage ta ba. Tun zamanin rundunar da Turawa suka kafa a Afirka ta Yamma, Hausa ce harshen da ke haɗa kurata 'yan ƙabilu daban-daban, kuma daga nan aka sami karin da manazarta ke kira Barikanci. A cikinsa jinsi kan rushe, a ce "mata ya zo". Ƙ da ɗ da ɓ su koma k da d da b. Kalmomin Ingilishi su kutsa ko'ina. Mu mutanen Kwantagora ba sai an ba mu labari ba, tunda ga bariki a gefenmu, kuma duk wanda ya shiga kasuwa ya ji yadda soja ke cinikin doya. Abin da Pategi ya yi shi ne ya tace wannan kari ya mai da shi kayan aikin fasaha. Mai sauraro da kunnen nazari zai lura cewa kurakuran nasa a kan tsari suke: ya san inda zai sa tsawa, inda zai tauna kalma, da inda zai jefa Turanci don ya rufe rashin hujja. Banufen da ya daɗe yana aiki a gidan rediyon Kaduna bai rasa Hausar kirki ba. Zaɓa ya yi.

Inda na fi ganin gwanintarsa shi ne lokacin da ya yi wasan. Bayan yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 yawan sojan Nijeriya ya tashi daga kimanin dubu 10 zuwa wajen dubu 250, ga kuma mulki a hannunsu mafi yawan shekarun da suka biyo baya har 1999. Talaka na tsoron kaki. Sai ga mutum ya fito da kakin nan da gashin baki, yana ruri a fagen fareti, amma da ya koma gida sai rigimar iyali da ta abokan zama ta sha kansa. Talaka ya sami damar yi wa soja dariya a gidan rediyon gwamnatin soja, sojan ma ya yi dariyar tare da shi.

Sai dai a nan ne kuma nake da ja. Dariyar nan ta yi wa soja sassauci. Samanja mai faɗa ne amma mai zuciyar kirki, alhali sojan da mutane ke gamuwa da shi a shingen hanya ba kullum yake haka ba. Wasan bai haura sama da samanja ba balle ya taɓa manyan hafsoshi masu juyin mulki. Haka kuma halin bai girma ba: Samanjan farko shi ne na ƙarshe, abin da ya hana mu ganin iyakar abin da Pategi zai iya.

Wannan ja kansa hujja ce ta a shigo da shi aji, don abin da za a yi muhawara a kansa ya cancanci nazari. Muna karantar da Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi da Zaman Duniya Iyawa Ne na Yusuf Ladan saboda an buga su a takarda, ɗalibi na iya ja wa jumla layi. Samanja kuwa a murya yake, a faya-fayen rediyo da talabijin da 'yan guntayen da ke yawo a intanet. Na ba ɗalibin nan aikin ya zaɓi fitowa guda ya rubuta ta kalma bayan kalma, ya fito mini da dokokin nahawun da ya ce babu.