Samanja da Hausar Bariki: Abin da Wasan Kwaikwayo Ya Adana

An haifi Alhaji Usman Baba Pategi, wanda aka fi sani da Samanja Mazan Fama, a shekarar 1942 a gidan sarautar Pategi ta ƙasar Nufe, ya kuma rasu a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba, 2023. Ya yi aiki a gidan rediyo da talabijin na Kaduna, ya shiga soja a zamanin yaƙin basasar Nijeriya, daga bisani ya shahara da fitowa a wasan kwaikwayo a matsayin samanjan soja mai tsawa da ban dariya. Galibi ana tuna shi da barkwanci kawai, alhali babban aikinsa ya zarce haka: shi ya ɗauko Hausar bariki, wadda ake wa kallon raini, ya ba ta mazauni a adabin Hausa.

Mai karatu a Gumani ko Zangon Tamale zai fi kowa gane nauyin wannan aiki, domin Hausar bariki tana da tushe a Gana kamar yadda take da shi a Nijeriya. A 1863 Kyaftin Glover ya kafa rundunar Hausawa a Legas, aka kuma yi amfani da dakarunta a yaƙin Asante na 1873 zuwa 1874. Daga nan, a zamanin mulkin mallaka, Hausa ta zama harshen gama-gari na sojoji da 'yan sanda a ƙasashen biyu. Badagombe da Bamoshe da Banufe da Batibi suka koye ta don su fahimci umarni, su kuma fahimci juna. A bakinsu ta sauƙaƙa, bambancin jinsin namiji da tamata ya ragu, kalmomin Turanci suka cuɗanya da ita. Irin wannan sauƙin ne ake ji yau a kasuwar Aboabo da wajejen barikin Kamina a Tamale. Littattafan boko ba su cika rubuta wannan Hausar ba. A bakin Samanja aka adana ta.

Akwai masu cewa wasan nasa ya koya wa yara gurɓatacciyar Hausa, ya kuma mai da waɗanda ba Hausawa ba abin dariya. Wannan suka tana da fuska, amma ba ta tsaya da ƙafarta ba. Shi kansa Banufe ne, kuma ya sa kaki na gaskiya, saboda haka daga cikin gida yake magana, ba leƙe yake yi ta katanga ba. Abin dariyar ma ba harshen ba ne, halin ɗan Adam ne: cika baki a gaban na ƙasa, rawar jiki a gaban na sama, da rikicin iyali a gidajen bariki. A shekarun da sojoji ke mulkin Nijeriya, nuna soja a matsayin mutum mai kuskure da tausayi ya rage tsoron da ke tsakanin mai kaki da farar hula.

Wasu kuma na ganin wanda ya daɗe a rawa guda ba gwani ba ne. Wannan ma'auni ne na finafinan bidiyo da suka bunƙasa a Kano bayan Turmin Danya a 1990, inda jarumi ke sauya kama daga fim zuwa fim. Wasan rediyo da talabijin na mako-mako wata fasaha dabam yake nema: riƙe hali ɗaya shekara da shekaru ba tare da ya gundiri jama'a ba, irin yadda Ƙasimu Yero ya yi a Karambana. Darasi ga masu shirya finafinan Hausa da Dagbanci a Tamale shi ne su daina jin kunyar Hausar zango. Ɗan wasan da ya yi magana da harshen unguwarsa cikin gwaninta yana yi wa Hausa hidima fiye da mai kwaikwayon Kananci da ƙyar.